Shekarar da Asibiti Ya Ƙaura

Gwamnati ta taɓa sa sunana a cikin masu gudun aiki. Ni Saratu, da na sha haye rafi ruwa iya ƙirji don in karɓi haihuwa, ni aka dakatar wai ba na zuwa aiki, kuma bakin ƙanin ubanku ne ya jawo mini. Na san abin da ake faɗa muku a dangi, cewa ni na cinye wa Baba Ayuba aikinsa. Kun yi ladabi, ba ku taɓa tambayata ba, amma ina ganin tambayar a fuskarku duk Kirsimeti idan aka taru aka bar kujera ɗaya tsakanina da shi. To ga amsar. Ban ba kowa haƙuri a lokacin ba, yanzu ma da gwiwa ta ƙi ni ba zan bayar ba.

Kun san ban shiga aji ba sai da na yaye autarku Rahila. Kafin nan ungozoma ce ni, aikin da na koya a hannun uwata. Na karɓi yara da yawa ban iya rubuta sunan ko ɗaya ba. Da aka buɗe ajin yaƙi da jahilci a harabar coci na shiga, maƙwabta suna dariya, suna cewa tsohuwa ta ga alli ta ɗauka kanwa ce. Na zauna jarrabawa da sa'o'in Dauda, babbanku, na faɗi, na sake zama. Ranar da na sa farin kaya na makarantar koyon aikin lafiya akwai furfura a kaina. Ina faɗin wannan ne don ku gane abin da aikin nan yake a wurina. Wasu takarda aka miƙa musu ta hannun kawu. Ni da haƙori na ciro nawa.

Aka tura ni in riƙe ƙaramin asibitin Angwan Ƙirya, can hanyar Obi, saboda babu mai so. A takarda mu huɗu ne. Akwai ni, akwai Ayuba mai ba da magani, akwai Sista Jummai, akwai kuma wani Malam Tanko wanda ko a kasuwa muka haɗu sai an gabatar mana da juna. Ayuba yana da shagon magani a nan Lafiya, can yake yini. Sista Jummai tana bin ofis-ofis da atamfa. Yadda ake yi a lokacin, kowa yana da nasa a sakatariya. Duk ranar da masu duba aiki za su fito, waya za ta yi ƙara tun da safe, sai a goge farin kaya, a hau okada, a riga motar gwamnati isa. Mota na juyawa, su ma su juya. Na kai ƙara wurin shugaban sashen lafiya na ƙaramar hukuma har ƙafata ta san matakalar ofishinsa. Kullum amsa ɗaya.

"Mama, ki yi haƙuri ki yi maneji. Waɗannan suna da mutane."

Ayuba kuwa wasa ya mai da abin, kun san tsakanin mace da ƙanin miji. In na tare shi a gida sai ya ɗaga hannu.

"Matarmu, kar ki kawo mini ofis cikin tuwo. Ke ba kina can ba? Ai kamar ina can ne."

Ginin asibitin a bakin titi yake, shi kaɗai, garin kuma yana ƙetaren rafi bayan gonakin doya. Gabansa kyakkyawa ne, don an taɓa shafa masa fenti lokacin da wani babba zai wuce, ga baranda, ga babban allo na ƙarfe mai sunan asibitin an kafe shi da siminti. Ruwan farko na wata damina ya zo da iska, ya kwashe rabin rufin na baya ya kai shi gonar wani. Silin ya rufto, bangon baya ya tsage. Daga titi ba abin da za ka gani, gaban yana nan yana sheƙi. Washegari mai unguwa ya ba ni tsohon siton shinkafarsa a cikin gari. Mata suka fito da gammo, Tibi da Migili da Fulani, suka ɗauki gadon haihuwa da sikeli da benci da kwalayen magani a ka, muka haye rafi a jere. Na sa wa tsohon ginin kwaɗo. Na je na faɗa wa shugaban sashe baki da baki, na ce a bar ni in tone allon in kai inda asibiti yake yanzu.

"Kul! Kayan gwamnati ne. Kada ki taɓa shi sai an rubuto daga sama."

A gida ma na faɗa. Na dawo ran Juma'a da kayana a jiƙe, na tsaya a tsakar gida na ba da labari tun daga iska har zuwa sito. Ubanku yana jin ƙwallo a rediyo, ya ce "Allah ya sawwaƙe" idonsa a rufe. Ayuba yana wurin, waya a kunne, yana cinikin katan ɗin magani. Ban sake maimaitawa ba. Wanda yake aiki a wuri ba a kai masa labarin wurin har gida.

Daminar ta wuce, rani ya wuce, wata daminar ta kama. Sai aka yi sabbin shugabanni a Lafiya masu zafin kai, suka ce za su yi maganin ma'aikatan da ba sa zuwa aiki. Suka fara fita ba sanarwa, ko dai haka suke zato. Wayar su Ayuba ta yi ƙara kamar yadda ta saba. Su ukun suka goge farin kaya, suka hau okada, suka sauka a bakin allo, suka tarar da kwaɗo a ƙofa, suka karkaɗe baranda suka zauna. Lokacin huɗar doya ne, ko kare ba ya wucewa ta titin nan da hantsi. Mota ta iso, aka ga ma'aikata uku tsaf, ƙofa a kulle. Aka tambayi ina mai makulli. Ayuba ne ya amsa.

"Ranka ya daɗe, ba ta iso ba tukuna. Haka take yi mana wani lokaci."

Ni a sa'ar nan ina ƙetaren rafi, hannuna a cikin safar roba, ina fama da wata yarinya mai haihuwar fari. Ban san an zo ba, ban san an tafi ba. Sai bayan kwana biyu aka aiko mini da takardar dakatarwa, aka ce in jira kwamitin ladabtarwa, wanda zai iya kora ta gaba ɗaya. Na karanta ta da kaina a tsaye. Abin da ya fi ƙona mini rai ke nan: karatun da na sha wahalar koya, ga abin da aka ba ni in karanta da shi. Na ninke ta na sa a ƙarƙashin sikeli, na kira mai bi a layi. An dakatar da ni, amma ba wanda ya je ya faɗa wa masu ciki su dakata.

Ran Lahadi bayan an taso coci kakarku ta tara mu a ƙarƙashin mangwaron gidanta. Ita a kan kujera, ubanku a gefenta, Ayuba yana wasa da makullin mashin, matarsa da goyo tana share hawaye tun ba a ce komai ba. Ubanku ya fara, a hankali kamar mai lallashin akuya ta shiga keke.

"Maman Dauda, ke kin kusa ritaya. Ki ce musu ba ki da lafiya ranar. Za su ja miki kunne, shi ke nan. In kika ce za ki tona, yaron nan zai rasa aiki, ga ƙananan yara."

"Ranar ina wurin aiki," na ce.

"Haba matarmu," in ji Ayuba. "Da idona na ga kwaɗo. Ni ba sharri na yi miki ba, baki ne ya suɓuce. Kowa yana fashi, ke ma ranar Allah ya kama ki."

"Ayuba, yaushe rabonka da shiga cikin ginin nan?"

"Ciki dai ai ciki ne."

Na buɗe baki zan faɗa musu. Allah ne shaidata, na fara. Na ce, "Ai asibitin tun bara..." sai kakarku ta buga sandarta a ƙasa.

"Ba labari muka kira ki ki ba mu ba. Tun da kika iya boko bakinki ya fi na kowa tsawo a gidan nan. Abu ɗaya nake so: ki rufa wa ɗana asiri."

Na rufe bakina, tunda an ce ya yi tsawo. Amma kafin in tashi na dubi Ayuba na ce ya je da ƙafarsa ya janye maganar da ya yi a kaina kafin ranar kwamiti, ni kuma ba zan ambaci sunan kowa ba, zan kare kaina kawai. Ya yi dariya ya ce in ya janye ai ya kama kansa. Ku riƙe wannan da kyau, don shi ne ba a faɗa muku a dangi. Na buɗe masa ƙofa, shi ya ƙi bi.

Ranar kwamiti na sa farin kayana, na hau keke mai ƙafa uku zuwa sakatariya. Shugaban kwamitin wani dattijon Alhaji ne siriri, mai gilashi a kan hanci, ba ya ɗaga murya. Aka kira su ukun shaida. Ayuba ya yi Turanci mai santsi, ya ce suna zuwa kullum, sau da yawa su tarar da ƙofa a kulle su yini a baranda. Sista Jummai ta ce har marasa lafiya suna kawo mata kuka. Malam Tanko ya ce abin da suka faɗa haka ne. Alhaji ya juyo gare ni ya ce me zan ce. Na kwance bakin zanena, na ciro makulli, na ajiye a kan teburinsa.

"Ranka ya daɗe, Turancina na tsufa ne, ba zai kai nasu ba. Ga makulli. Tunda kullum suna can, su kai ku, kowa ya nuna muku inda yake zama. In kun gani, duk hukuncin da kuka yanke na karɓa."

Ya dubi makullin, ya dube ni ta saman gilashi.

"Mama, akwai abin da kike so mu gani ne?"

"Akwai."

"A kira direba."

Muka cika bas ɗin gwamnati. Na zauna can baya. Ayuba ya zauna kusa da direba yana nuna hanya, har yana ba da labarin ramukan titin kamar shi ya haƙa su. Da allo ya bayyana ya ce, "Yauwa, nan ne, tsaya." Aka sauka. Kafin a buɗe, Alhaji ya tsaya a baranda ya tambayi Ayuba ina ɗakinsa yake.

"Da an shiga, hannun dama, ranka ya daɗe. Nan nake jera magunguna."

"Yaushe rabonka da shiga?"

"Satin da ya wuce kafin ku zo."

Aka ba shi makulli. Ya sa, ya murɗa, ya ƙi. Ya sake, ya ƙi. Kwaɗon ya yi tsatsa har ya zama ja. Ya yi gumi, ya ce ai dama haka yake yi, sai an lallaɓa. Direba ya kawo baƙin mai ya ɗiga, a banza. A ƙarshe da ƙarfen taya aka ɓalle shi. Ƙofa ta buɗe da ƙara, ƙadangaru suka watse, rana ta haske mu daga ciki.

Rabin ginin ba rufi. Sama ce kawai, da gajimare yana wucewa. Ciyawa ta kai ƙugu. A hannun dama kuwa, daidai inda Ayuba ya ce yana jera magunguna, gwanda ce ta tsiro ta cikin tsagar siminti, ta fi shi tsawo, ta yi 'ya'ya jingim a wuya, ɗaya har ta fara nuna. Sista Jummai ta dafe ƙirji ta ce "Yesu!" Malam Tanko ya koma baya a hankali kamar ba da shi aka zo ba. Alhaji ya ɗage rigarsa ya ratsa ciyawa, ya je ya tsaya a gindin gwandar, ya latsa nunanniyar da yatsa.

"Malam Ayuba, wannan ta safe ce ko ta yamma? Kafin abinci ake sha ko bayan abinci?"

Direba ya fashe da dariya har ya zauna a ƙasa. Ni ban yi dariya ba. Na ce in suna son ganin asibiti su cire takalma. Na shige gaba, na bi ta cikin kunyoyin doya, manyan mutane suna biye da ni da takalma a hannu da wando a naɗe. Muka haye rafi. Tun daga nesa suka hango layin mata a gindin mangwaron mai unguwa, ranar awon ciki ce, sun zauna suna jirana. Mama Ngunan, wata tsohuwar ungozoma Batibiya da take taya ni don Allah, tana ɗora jarirai a sikeli. Da ta hango farin kayan su Ayuba sai ta saki abin da take yi ta taho da gudu irin na tsofaffi, tana tafa hannu, da Hausarta ta kasuwa.

"Mama! Gwamnati ya ji kukanmu? An kawo mana sabon ma'aikata? Sannu da zuwa, 'ya'yana, sannu! Mama shi kaɗai ne a nan, ya gaji!"

Ta kama hannun Ayuba da hannu biyu tana girgizawa, tana tambayar sunansa. Mata suka ɗauki guɗa. Ban taɓa ganin namiji ya ƙanƙance a cikin riga kamar yadda ya yi a wurin nan ba. Alhaji ya wuce gaba. Ya leƙa sito, ya ga gado, ya ga kwalaye a kan bulo don kada ruwa ya taɓa su, ya ga tabarmar da nake kwana. Ya fito ya cire hula ya share kai.

"Mama, ki yafe mana. Dakatarwarki ta ƙare daga nan inda nake tsaye. Takarda za ta biyo ki."

"Na gode, ranka ya daɗe. Ina da mata a layi."

Na wanke hannu na fara aiki suna tsaye. Da za su tafi na bi shi na tambaye shi maganar allo, na ce an hana ni taɓawa sai an rubuto daga sama. Ya gyara gilashi, ya dubi reshen mangwaro.

"Ni kunnena ba ya ji sosai in na sha rana. Ban ji tambayarki ba."

Abin da ya biyo baya kun sani. Su ukun aka dakatar, daga baya aka sallami Ayuba da Malam Tanko, Sista Jummai aka rage mata matsayi aka dawo da ita ƙarƙashina, kuma in faɗi gaskiya ta zama ma'aikaciya, hannunta yana da sauƙi a allura. Kakarku ba ta sake cin abincin da na dafa ba har ta koma ga Ubangiji. Na yi jinyarta, sai dai matar Ayuba ta karɓi kwano daga hannuna a ƙofa ta ce ita ta dafa. Ayuba bai ƙara ce mini matarmu ba. "Madam" yake cewa, kamar mai sayen magani a shagonsa. Wannan ya yi mini ciwo fiye da yadda na nuna, don ni na yi masa wankin makaranta yana yaro. Amma shagonsa yana nan, yaransa sun yi karatu, ba wanda ya kwana da yunwa. Ni kuma da na yi shiru, da yau abin da za a faɗa wa jikokina shi ne kakarsu ta shiga boko da tsufa, aka ba ta aiki, aka kore ta don lalaci. Duk macen da ta zauna a ajin coci a bayana da an nuna mata ni.

Da yammar ranar da kwamiti ya haye rafin na dawo Lafiya. Labari ya riga ni isowa, har masu keke suna yi. Ubanku yana zaune a ƙofar ɗaki, rediyo a kashe, abin da ban taɓa gani ba. Na ajiye jaka, na sha ruwa. Sai ya dube ni.

"Maman Dauda, da gaske rufin ya faɗi?"

"Tun bara."

"Ba ki faɗa mini ba."

"Na faɗa. A nan nake tsaye, kai kana can, ana bugun fenariti."

Ya sunkuyar da kai. Bai ce na yi daidai ba, bai ce na yi laifi ba. Ya tambaye ni a ina nake kwana duk tsawon lokacin nan. Na faɗa masa. Karo na farko ke nan da ya tambaye ni wani abu game da aikina.

Da gari ya waye na shiga bayan kicin na ɗauko digarsa. Ya fito da asuwaki a baki.

"Ina za ki da digata?"

"Aiki."

Ya dube ni, ya dubi digar, ya shiga ya turo mashin. Muka tafi, diga a kan cinyata. A bakin titi ya tsaya, na ce ya riƙe mini jaka. Simintin ya yi tauri, na sara har kafaɗa ta ɗauki zafi, ya miƙo hannu na ce a'a, wannan nawa ne. Ƙafa ɗaya ta fito, ta biyu ta fito da guntun siminti a jikinta. Na naɗe ɗankwali na yi gammo, ya taya ni ɗorawa. Na ratsa gonar doya da allon gwamnati a kaina, na haye rafi, shi yana biye da diga da takalmansa a hannu. Yara suka gani suka ruga gari da ihu, kafin in iso mata sun fito. Na sauke shi a ƙofar sito, na haƙa rami biyu, na kafa shi, na tattake ƙasar da ƙafata. Mama Ngunan ta ce in karanta musu abin da aka rubuta, don tun da aka kafa shi a titi ba wanda ya taɓa gaya musu. Na share laka da gefen zanena, na sa yatsa a kan harafin farko, na karanta musu da ƙarfi har ƙasa. Sannan na juya na ce duk mai neman asibiti daga yau, ko mai ciwo ne ko ma'aikaci, ga shi nan.